Galabru, Ogan Jandarma: Musayar Baitoci

Ɗan Damagaram:
Jama'a, yau Michel Galabru ya faɗo mini a rai, ɗan wasan kwaikwayo na Faransa da aka haifa a 1922, ya rasu a Paris ran 4 ga Janairu 2016. Shi ne Gerber, ogan jandarmomi, a finafinan barkwanci da ya yi tare da Louis de Funès, wanda ya fito a Cruchot, jandarman da ke ƙarƙashinsa. Ga nawa:

Galabru, ogan jandarma na gaskiya,
A Safi ta Maroko ya faɗo duniya,
Fim shida shi da de Funès suna tafiya,
Shi ke hura wuta, wani na shan miya.

Na Ƙofar Mata:
Ɗan Damagaram, rage mana wannan ƙarya,
Abokin ango ba a kai masa amarya,
De Funès ne nonon da ke cikin ƙwarya,
Naka ludayi ne, sai ƙiba da murya.

Ɗan Damagaram:
Bakano ɗan kasuwa, idonka na kan fosta,
Sunan da ke sama kaɗai ka iya karanta,
A fim ɗin Gerber ne oga, Cruchot na ƙame masa yana bauta,
In ba ludayi, wa zai dama furar ya sha ta?

Hajiya Ta Maraɗi:
Allah ya ja zamaninka, Ɗan Damagaram, ka rufe masa baki! Mu da muka taso muna kallon finafinan jandarmomin garin Saint-Tropez mun sani, duk zabure-zaburen de Funès ba ya ba da dariya sai ya ci karo da fuskar Galabru a murtuke.

Bakano ƙanena, matso ka ji labari,
Shekara bakwai a Comédie-Française tun fari,
Da Tavernier ya sa shi fitowa a mai sharri,
Ya ɗauke César, ludayi ya ci gari.

Comédie-Française gidan wasan kwaikwayo ne na ƙasar Faransa, César kuwa kyautar finafinan Faransa ce. A 1977 ke nan, kyautar gwarzon ɗan wasa, da fim ɗin Le Juge et l'Assassin na darakta Tavernier, inda ya fito a mai kisan kai, Philippe Noiret na alƙali.

Malam Na Zariya:
Hajiya, a gafarce ni. Ɗan Damagaram, ɗangonka na uku ya zarce 'yan'uwansa da ƙafa guda cur. Baitin Bakano ya fi zama a kan kari, ko da hujjarsa ba ta kai ba.

Ɗan Damagaram:
Malam, rera shi za ka yi, ba ƙirga shi da yatsu ba. Sunan Bafaranshe ba ya shiga ma'auni sai an karya shi, ni kuwa ba zan karya sunan mutum don kari ba.

Malam Na Zariya:
Kari bai san Bafaranshe ko Bahaushe,
Ɗango in ya yi ɗingishi daga farko har ƙarshe,
Ko sunan sarki ne a ciki, sai a kashe.

Hajiya Ta Maraɗi:
Malam, kai ma baitinka ɗango uku ne, ina na huɗun? Ka fara cika naka tukuna.

Malam Na Zariya:
Ƙwar uku ce, Hajiya, da gangan na yi ta.

Ɗan Agadas:
Ku yi haƙuri na makara, intanet ta yanke mana tun jiya.

Yana da tamanin da biyar, tsoho a zaune,
Minti kaɗan ya yi yana kwatanta sanyin Arewa a tsorace ne,
Faransa duk ta haddace, wannan ba wasa ba ne.

Fitowar Galabru a fim ɗin Ch'tis na 2008 nake nufi, fim ne kan Arewacin Faransa, wanda sama da mutum miliyan 20 suka shiga silima suka kalla.

Na Ƙofar Mata:
Hajiya yayata, César na yarda ya samu,
To me ya mai da shi jandarma, ku gaya mana mu?
A 1979 da 1982 ya sake ɗaura ɗamararsa,
Gwarzo bai koma gefe in ya san darajarsa.

Ɗan Damagaram:
Ya koma don abokin tafiya ya kira shi,
De Funès ya rasu a 1983 ya bar shi,
Shekara talatin bayan nan Faransa na neman shi,
A daɓe, a tele, a silima, ana biya a gan shi.