3 ga Agusta: rana ce mai sirri, ko kalanda ce kawai?

Ɗan Ader: Salamu alaikum ƴan fada. Ni hwa na daɗe ina cewa 3 ga Agusta ba irin sauran ranakku ba ce, akwai abu cikinta. Ku duba, 1960 Diori Hamani ya yi shelar ƴancin Nijar. 1914 ranar ce Jamus ta ƙaddamar da yaƙi bisa Faransa. 1979 Obiang ya kifar da kawunshi Macias a Ikwatoriyal Gini, har yau shina bisa kujera. 2005 soja sunka tuɓe Ould Taya a Muritaniya. 2023 kuma ranar ce CNSP, majalisar sojan da sunka karɓe mulkin Nijar, ta ce ta soke yarjejeniyoyin soja da Faransa. Kai har Kolombus ranar ya tashi daga Sipaniya da jiragen ruwa uku, 1492. Duk wanga a ce ba komi?

Mushe: Wa alaikumus salam. Ƙanena ba komi wallahi. Kwana 365 ne cikin shekara, duniya kuwa ƙasashe kusan 200, kowace rana ka ɗauko sai ka cika buhu da labari. Ba ni ranar haihuwarka yanzu in samo maka juyin mulki biyu da yaƙi guda.

Ɗan Ader: Mushe kai kullum sai ka kashe ma mutum gishirin magana

Mushe: To bari in ƙara maka. Kolombus ɗin da kake ta kira, 3 ga Agustan shi ba namu ba ne. Lokacin da tsohuwar kalanda Turawa ke aiki, sai 1582 Fafaroma Gregori ya gyara ta, anka tsallake kwana 10 ɗungurungum, mutane sunka kwana 4 ga Oktoba sunka tashi 15. In ka maido tafiyar Kolombus bisa lissafin yanzu 12 ga Agusta za ta faɗa. Kuma mu da ke azumi da layya da lissafin wata, ranar ƴancinmu cikin Safar 1380 ta faɗo, to wace ce ke ɗauke da sirrin, ta Hijira ko ta Nasara?

Hajiya ta Yamai: Ni ban shiga lissafinku ba amma na Ould Taya kam abin mamaki ne, ku bar ni in ba yara labari don da yawa nan ba su sani ba. Mutumin ya tafi Saudiyya jana'izar Sarki Fahd, yana can soja suka karɓe Nuwakshot, Kanal Ely Ould Mohamed Vall ya hau, to jirgin da ya ɗauko shi bai iya komawa gida ba sai nan Yamai ya sauka, zamanin Tandja, ranar da mu muke bikin ƴanci. Wani na dashen icce wani na neman wurin kwana. Allah mai iko.

Ɗan Ader: Yauwa Hajiya, Allah shi biya ki! Kuma na duba, 3 ga Agusta 1960 Laraba ce, 3 ga Agusta 2005 ma Laraba, 26 ga Yuli 2023, ranar da soja sunka tuɓe Bazoum, ma Laraba. Laraba ta Bawa ranar samu

Mushe: Hajiya ta faɗi gaskiya, abin ya faru. Amma Kountché Litinin ya tuɓe Diori, 15 ga Afrilu 1974. Salou Djibo Alhamis ya tuɓe Tandja, 18 ga Fabrairu 2010. Waɗanga ba ka ƙidaya su ba tunda ba su shiga layinka.

Bako mai gareji: Ni tambayata daban ce. Wa ma ya zaɓi 3 ga watan? Dahomey, wato Benin ta yanzu, 1 ga Agusta. Mu 3. Haute Volta, wato Burkina Faso ta yanzu, 5. Kodibuwa 7. Kwana bibbiyu cif kamar an raba awon gero. Ƙasashen ƙungiyar ƙawance ta Entente ne huɗu, an jera ranakun ne yadda manyan baƙi za su gama biki nan su wuce can, to ina sirri a nan, tsarin tafiya ne kawai. Da an faro daga gare mu da yanzu 1 ga Agusta kake ma kirari Ɗan Ader.

Ƙaramin fada: Shi ya sa mu matasa muke cewa wancan ƴanci na takarda ne, na gaskiya sai yanzu

Baba Alhaji: Yaro yi a hankali. Ko wace irin takarda ce, da ita anka sauke tutar wani anka ɗaga tamu, kuma akwai waɗanda sunka sha wuya kahin nan. Djibo Bakary da jam'iyyarshi ta Sawaba tun ƙuri'ar raba gardama ta 28 ga Satumba 1958 sunka ce a'a ga De Gaulle bisa zama ƙarƙashin Faransa, ba su yi nasara ba, amma ba a ce ba su nema ba. Ka yi zancen naka zamani ba tare da ka share na kakanninka ba.

Ƙaramin fada: Tuba nike Baba, ba raini ba ne

Baba Alhaji: Ba komi ɗana. Ni abin da ya sa nike girmama ranar ga ba Jamus ba ne ba Kolombus ba. Bayan farin 1973 da 1974, da bisashe sunka ƙare mutane sunka watse, daga 1975 Kountché ya maida ta ranar dashen itace, kuma dabara ce don tsakar damina take, ƙasa da laima, abin da ka dasa shina kamawa in an tsare shi. Mu nan jahar Tawa mun ga amfanin icce da idonmu, je ka kwarin Majiya ka ga layukan bedi da anka dasa don tare iska, je ka Keita ka ga aikin da anka faro 1984 da taimakon Italiya, mata da duwatsu bisa kai suna tare ruwa. Wanga shi ne abin da hannunmu ya sa cikin ranar, sauran duk tarar da su munka yi.

Mushe: Nan kam na sa hannu Baba. Abin da ke tsakanin 1960 da 1975 da 2023 ba sirri ba ne, mutane ne sunka san ranar sunka ɗora abu bisanta da gangan. Na 1492 da 1914 kuwa ko sunan Nijar babu cikin zancen.

Hajiya ta Yamai: Sai dai Baba a faɗi gaskiya, dashen yanzu rabinsa na hoto ne. A zo da kamara a dasa a watsa ruwa a tafi, kafin kaka awaki sun gama da shi.

Ɗan Ader: Ni dai ban janye ba. Ku bayyana mini yadda anka yi jirgin Ould Taya bai sauka ko'ina ba sai Yamai kuma a ranar

Bako mai gareji: Buɗe taswira ka ja layi daga Riyad zuwa Nuwakshot ka ga wa ke bisa hanya. Wanda ya bar mini baro a gareji kuma ya zo ya ɗauka kafin azahar, zan rufe in tafi kasuwa.