Neman kalma: me za mu kira "slum" da "slum clearance" da Hausa?

Mai Shirin Rediyo: Salamu alaikum jama'a, dan Allah a agaza min. Ina haɗa shiri na minti ashirin kan tarihin tsara birnin Mancesta na Ingila tun zamanin masaƙun auduga, Laraba da yamma zan shiga situdiyo. Kalma biyu sun tsaya min a wuya, slum da slum clearance, kuma rabin labarin a kansu yake. A 1801 mutanen garin wajen dubu 70 ne, zuwa 1851 sun haura dubu 300, duk masaƙu suka jawo su. Sai aka riƙa jera musu gidajen bulo baya da baya, bango ɗaya ya raba gida biyu, ba ƙofa ba taga ta baya balle iska ta ratsa, wasu ma a ɗakin ƙarƙashin ƙasa suke kwana. Akwai wata unguwa Little Ireland a bakin kogin Medlock, wani marubuci Bajamushe mai suna Engels ya rubuta a 1845 cewa mutum wajen 4,000 ne a gidaje kamar 200, masai ɗaya na mutum wajen 120. Kwalara ta shiga garin a 1832. To irin wannan unguwar me zan kira ta? Na rubuta "unguwar talakawa" na goge, don ba kowace unguwar talaka ce haka ba.

Ɗan Fagge: Wa alaikumus salam. Unguwar marasa galihu mana Hajiya, shi ake ji a labarai kullum. Na biyun kuma ai rusau ne, ko yaro ya sani.

Injiniya: Rusau ya zauna daram. Amma marasa galihu mutanen yake nunawa, ita kuwa kalmar a bakin hukuma gidajen take nufi, wato ginin da aka yanke cewa bai dace mutum ya zauna ciki ba. Mutanen nan fa ma'aikata ne masu albashi, su ke juya injin masaƙa.

Ɗan Fagge: To awon igiya?

Injiniya: A'a. Awon igiya filin da aka yanka ba da awon gwamnati ba kenan, za ka ga gida mai kyau a awon igiya. Gidajen Mancesta kuwa a layi suke miƙe sar, matsin ne ya yi yawa, ga ba magudana ga ba masai. Shi ya sa a 1844 hukumar garin ta hana gina sababbin gidaje irin baya da bayan nan.

Malamin Nahawu: Ku saurara. Tunda muna da rusau daga rusa, me zai hana mu ce cunkusau daga cunkusa? Rusau ɗin cunkusau. Gajere ne, yana da daɗi a baki, kuma tsantsar Hausa ne ba aro. Shekara uku ina koya wa ɗalibaina shi.

Yar Zazzau: Allah gafarta Malam, ni kunnena mutum yake ji in an ce cunkusau, kamar mantau da makarau, wato mai yawan cunkusa kansa inda ba a kira shi ba. In kuma aka bi sahun rusau to aikin cunkusawar ne, ba wurin ba.

Malamin Nahawu: Ƙanwata kowace kalma da baƙunta take fara zuwa. In gidan rediyo ya faɗe ta sau goma ta zauna. Matsalarmu kenan, Bature ya ƙirƙiri kalma mu karɓa hannu biyu, namu ya ƙirƙira mu ce ba ta yi ba.

Matashi: Ni fa banga abin wahala ba, kowa geto yake cewa yanzu. A ce geto a wuce wurin.

Malamin Nahawu: Ga irinta nan! Mu baro Turanci mu koma Turanci? Harshen da ke da ƙamus da jarida tun kafin a haifi iyayenku shi za a ce ba shi da kalmar unguwar da lambatu ya toshe?

Matashi: Baba da girmanka, lambatun da ka faɗa ma ai daga Turanci yake, lamba ta biyu. Haka asibiti haka mota. Mu in mun ara laifi ne, ku in kun ara ya zama Hausa?

Injiniya: Aro ba laifi ba ne, amma geto wata ma'ana ce daban. Asalinta unguwar da aka tilasta wa Yahudawa zama a Venis ta Italiya a 1516, wato wariya ce ta jinsi ko addini. In Hajiya ta ce geto mai sauraro zai ɗauka labarin 'yan daba za a ba shi.

Ɗan Damagaram: Mu nan Nijar 'yan lakwal bidonbil suke cewa, kalmar Faransanci ce daga bidon wato gwangwani ko jarka, gidan da aka harhaɗa da kwano da buhu. Bai dace da gidan bulo ba. Amma ina roƙo, duk abin da za ku zaɓa ku tuna rediyo ba ta san iyaka ba, mu ma muna saurare, kar a ɗauko kalmar da sai ɗan cikin Kano zai gane kamar awon igiyar nan.

Ɗan Fagge: Ai daidaitacciyar Hausa kan Kananci aka gina ta, ba mu muka ce ba.

Ɗan Damagaram: An gina rubutu a kai, ba a ce sauran mu bar bakinmu ba yaya.

Malamin Nahawu: To kun gani, cunkusau ba ta Kano ba ce ba ta Damagaram ba, ta kowa ce.

Mai Shirin Rediyo: Dan girman Allah mu dawo, lokaci nake kallo. Bari in faɗi abin da ya sa nake taka tsantsan da kalmar nan. Dokar gidaje ta 1930 ta ɗora wa hukumomin gari aikin rushe irin waɗannan unguwanni, kuma da zarar an liƙa wa unguwa sunan nan to ta tafi. Wasu mutanen aka kwashe su zuwa Wythenshawe can kudu da gari, filin da hukuma ta saya a 1926 wani mai zanen gine-gine Barry Parker ya tsara shi da lambuna da fili, gidajen sun fi na da nesa ba kusa ba amma mutum ya yi nisa da wurin aikinsa da danginsa. Sai sabon tsarin birnin na 1945 wanda injiniyan gari Rowland Nicholas ya yi, sai babban rusau na shekarun 1960. Unguwar Hulme, wadda Hiyum ake furta ta, an share ta kusan kaf aka gina dogayen benaye huɗu masu lanƙwasa kamar jinjirin wata, aka gama a 1972. Ba a je ko'ina ba danshi da kyankyasai suka cika su, kuɗin wutar ɗumama ɗaki ya gagari mutane, a 1974 wani yaro ya faɗo daga sama ya rasu, aka daina sa masu iyali a ciki. Zuwa tsakiyar shekarun 1990 su ma an rushe su. Shekara ashirin da 'yan kai fa. Ni ina ƙarama aka yi rusau a layinmu, har yau ina ganin jan fentin da aka shafa a bangon zaurenmu da kakata zaune kan ƙullin kayanta a bakin titi tana riƙe da butarta, ta ƙi tashi har magariba. A takarda an rubuta wurin ƙazanta ne, mu kuwa gida ne. Shi ya sa ba na son kalmar da za ta zagi mutanen, kuma ba na son wadda za ta ɓoye cewa yara na mutuwa da kwalara a ciki.

Yar Zazzau: Allah sarki Yaya. To ki raba biyu. In kina bayani da bakinki ki ce cunkusassun unguwanni, ko unguwannin cunkoso, laifin ya koma kan ginin. In kuma kina kawo maganar hukuma ki ce unguwannin da aka yanke wa hukuncin rusau, mai ji zai gane wani ne ya yanke.

Injiniya: Na yarda. Sai dai rusau kaɗai bai ɗauke duka ba, don a can doka ta haɗa da sake wa mutane matsuguni. Karon farko ki ce rusau da sake tsugunarwa, daga nan ki ci gaba da rusau. Ki kuma ambaci cewa garin ya kai mutum dubu 766 a 1931 ya sauko ƙasa da dubu 400 a 2001, kwashe mutane zuwa bayan gari na cikin dalilai, tare da mutuwar masana'antu.

Ɗan Damagaram: Cunkusassun unguwanni za a gane shi har Agadas. Amma cunkoso bai faɗi ruɓewar ginin da rashin masai ba.

Yar Zazzau: Bai faɗa ba gaskiya. Sai ta ƙara "marasa magudana da masai" sau ɗaya a farko.

Malamin Nahawu: Wannan ai bayani ne ba kalma ba, an ba ku kalma ɗaya kun zaɓi huɗu. Amma tunda saiwar cunkusa kuka ɗauka ba zan ja ba. Ni dai a ajina cunkusau zan ci gaba da cewa.

Mai Shirin Rediyo: Na gode Malam, na gode kowa, na rubuta cunkusassun unguwanni da rusau. Saura gidajen nan na baya da baya, in bar su haka ko in ce masu bango ɗaya?

Ɗan Fagge: Bar su baya da baya Hajiya, bango ɗaya kowane gidan haya ma yana da shi.