Ƙanena yana ciyar da dolfin a ƙasar waje, yanzu ya ce aikin ya hana shi barci

Assalamu alaikum 'yan'uwa na wannan zaure. Shawara nake nema, a yi min haƙuri da tsawon rubutun.

Mu 'yan wani ƙauye ne a gefen Haɗeja, gidanmu gidan masunta ne tun kaka da kakanni. Mahaifinmu ya rasu shekara huɗu ke nan, ni ne babba. Ƙanena mai bi na ya tafi wata ƙasar Larabawa neman na kai. Da farko leburanci ya yi a wurin gini, sai bara aka ɗauke shi a wani wurin shaƙatawa inda mutane ke biyan kuɗi su kalli dolfin, wata halittar teku mai kama da babban kifi, suna tsalle. Sanin kifi ne ya sa suka ɗauke shi. Tun kafin asuba yake fito da daskararren kifi daga ɗakin sanyi, ya narkar, ya auna a bokitai, kowane dolfin da bokitinsa da sunansa a jiki. Albashin ya ninka na gini. Da shi muka yi wa Inna rufin kwano, da shi ƙannenmu mata biyu ke karatu.

Daren Juma'ar da ta wuce ya kira ni, murya ba daɗi. Ya ce, "Yaya, ni fa aikin nan ya fara hana ni barci." Wai akwai wata macen dolfin da aka ɗauke mata ɗa aka kai wani wurin. Tun ranar ta koma kusurwar kwami ta tsaya cik a saman ruwa, tana wani siririn kuka kamar fito, ba dare ba rana. Kifin ma sai an yi da gaske take karɓa. Ya ce da hannunsa yake cusa ƙwayoyin magani a cikin kifin kafin a ba su, kuma akwai wani da ke goga bakinsa da bangon siminti har ya ji ciwo. In lokacin wasa ya yi a saki kiɗa, yara na tafi, ita ma a kira ta.

Na ce masa, kai da ka tashi kana fasa kan tarwaɗa, yau kifi ne zai dame ka? Ya ce, "Yaya, wannan ba kifi ba ne. Da idona na ga tana shayar da ɗan nan."

Yana so ya ajiye aikin, saura wata bakwai kwantiraginsa ya ƙare, kuma ya ce abin da na yanke shi zai bi. Inna ba ta sani ba tukuna. Don Allah, tausayi ne ya yi masa yawa, ko da gaske cutar dabbobin nan ake yi? Kuɗin da muke ci kuma fa?

Malamin kimiyya, daga Ringim:

Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Ƙanenka ya fi ka gaskiya, ba kifi ba ne. Huhu gare ta, ta ƙofar da ke tsakar kanta take shaƙar iska. Cikin wata 12 take yi, ta haihu, ta shayar fiye da shekara, ɗan kuma yakan yi shekara 3 zuwa 6 yana biye da ita. Dangin halittar ayu ce ta fuskar shayarwa, wanda masuntan Binuwai suka sani. Kowane dolfin yana da fitonsa na kansa, tamkar suna, da shi uwa da ɗa ke neman juna. Ni a ganina kiran ɗanta take yi.

Wani abu kuma, da kunne suke gani. Sukan saki ƙara ta bugi abu ta dawo, su gane kifi ne ko dutse. To a kwamin siminti me za ta bugo in ba bango ba?

Babbar 'yar'uwarsu ita ce orka, baƙa da fari, wadda Turawa ke wa laƙabi da makashiya. A teku takan yi kilomita 150 a yini, kamar daga Kano zuwa Zariya. An kama wata a 1970 a gaɓar jihar Washintan ta Amurka, aka sa mata suna Lolita, aka kai ta Miyami. Kwaminta tsawonsa mita 24, faɗi 11, zurfinsa mita 6, wato daidai tsawon jikinta. A nan ta zauna shekara 53 har ta mutu a watan Agusta na 2023. Akwai kuma Tilikum, namiji, da aka raba da uwarsa a tekun Aisilan a 1983 yana ɗan shekara biyu. A 2010 ya ja matar da ke horar da shi cikin ruwa a wurin shaƙatawa na kamfanin SeaWorld da ke Olando ta Amurka, ta mutu. Alhali a teku ba a taɓa tabbatar da cewa orka ta kashe mutum ba. A 2016 kamfanin da kansa ya sanar da daina haifar da su.

Mai kiwon kifi, daga Wudil:

Malam, ina girmama iliminka, amma bari in faɗi tawa. Kwami uku gare ni na tarwaɗa. Muna ɗaure tumaki a turke, muna kiwon tantabara, ba wanda ya ce mana azzalumai. A tekun ma hutu suke? Raga na kama su, jirgi na buge su. Can kuwa ga abinci a kan lokaci, ga likita. Mai tambaya, ka dubi yadda hatsi ya yi tsada, ka dubi yaran nan mata da ke makaranta. Kada ka bari yaro ya saki reshe ya kama ganye.

Malam, daga Gumel:

Allah ya yi wa ƙanenka albarka, wannan taushin zuciya ba abin da za a yi masa faɗa a kai ba ne. Ajiye dabba a kan kansa ba a hana ba. Ƙanen Anas ɗan Malik yana da ɗan tsuntsu da yake wasa da shi, Annabi (SAW) ya sani bai hana ba. Amma kowa ya san hadisin matar da ta shiga wuta saboda kyanwar da ta kulle, ba ta ciyar da ita ba, ba ta sake ta ta nemi nata ba. Wanda ya fi kusa da maganarka shi ne na tsuntsuwar da sahabbai suka ɗauke wa 'ya'ya biyu a wata tafiya. Ta zo tana kaɗa fukafukai, Annabi (SAW) ya tambayi wanda ya tayar mata da hankali, ya yi umarni a mayar mata da 'ya'yanta. Ka ga ba maganar abinci aka yi ba a nan.

Sai dai ƙanenka ba shi ya kamo ba, ba shi ya raba ba. Ciyarwa yake yi, kuma akwai lada a kyautata wa duk mai rai. Ban ga dalilin ku ƙyamaci abin da ya samu da guminsa ba. Kwantiragi kuma alkawari ne, a cika shi ya fi.

Wata uwa, daga Kazaure:

Wallahi na karanta jikina ya yi sanyi. Duk wadda ta taɓa sayar da ɗan akuya ta san kukan da uwar ke kwana yi. A 2018 an ga wata orka a tekun Amurka ta yi kwana 17 tana tura gawar ɗanta da kai, ta ƙi saki. Ɗan'uwa, ka faɗa wa Inna. Uwa ce, za ta fahimci ɗanta fiye da yadda kake zato.

Malamin kimiyya, daga Ringim:

Alhaji na Wudil, maganarka a kan hatsi gaskiya ce, ba na musu. Amma tunkiya dubban shekaru ta yi a hannun ɗan'adam, gida ne gidanta. Dolfin naman daji ne, irin kurar da gardawa ke yawo da ita kasuwa da takunkumi. Wasu daga cikin waɗanda ake nunawa a duniya ma daga Taiji ta Japan aka samo su, inda ake koro garke guda cikin lungun teku, a zaɓi na sayarwa, a yanka wasu. Shi ya sa Indiya ta hana buɗe irin wuraren nan a 2013, Kanada ta yi dokarta a 2019, Faransa ta bi a 2021.

Sakin su ma ba abu ne mai sauƙi ba. Koriya ta Kudu ta mayar da wasu teku a tsibirin Jeju a 2013, suka koma cikin 'yan'uwansu, amma su a teku aka kamo su. Wanda aka haifa a kwami bai san farauta ba. Don haka ko ƙanenka ya tafi yau, ita tana nan, wani ne zai karɓi bokitin.

Kuma kada ya raina bokitin nan. Dolfin ba ya shan ruwan teku kamar yadda muke shan ruwa, daga kifin da ya ci yake samu. Kifin da ya daskare aka narkar da shi da garaje ruwansa tsiyayewa yake. Ya narkar a hankali cikin sanyi, ya watsar da duk wanda cikinsa ya fashe ko ya fara wari, ya riƙa rubuta abin da ta ci kullum yana nuna wa likitansu.

Tsohon direba da ya yi shekara shida a can:

Ƙanena, abu ɗaya zan ja kunnenka a kai. Kada ya kuskura ya gudu daga aiki, takardar zamansa a hannun mai aikin take, in aka kai ƙara shi ne a ruwa. Kada kuma ya ɗauki bidiyo ya watsa a intanet yana can. Ya yi magana da likitan dabbobin cikin ladabi. In wa'adi ya cika ya karɓi haƙƙinsa, ya ƙi sabuntawa in ya ga dama.

Mai tambaya:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Jiya bayan isha'i na karanta wa Inna komai. Ta yi shiru, sannan ta ce ba ta son kwanon da zai hana ɗanta barci, amma alkawari ya cika. Na kira shi mun daɗe muna magana. Zai ƙarasa wata bakwan, ba zai sabunta ba. Maganar narkar da kifi ya ce yau zai fara, ya ma sayi ɗan littafin rubutu. Alhaji na Wudil, ban ƙi taka ba, ita ce ma ta sa muka fara lissafin abin da zai dawo ya tarar. Muna da fadamar Baba da ba a noma ba tun rasuwarsa. In akwai wanda ya san inda ake samun injin ban-ruwa mai sola da sauƙi a Haɗeja ko Kano, don Allah ya yi min magana.