Ku da ba a sa hotonku a fosta: ya aikin yake a wajenku?

Ɗan Fagge:
Assalamu alaikum. Tambayata ga masu ƙananan fitowa ce a finafinan Hausa, irin su uban jaruma, maigadi, liman, ƙawar amarya. Ƙanena ya dage sai ya shiga harkar, na ce ya tsaya ya ji ta bakin masu ita tukuna. Ya ake samun aiki, ya ake sallama, kuma tana riƙe gida?

Dattijon Tudun Wada:
Wa alaikumus salam, ɗana. Ni daga ƙungiyar dirama na taso a Kaduna, lokacin da marigayi Ƙasimu Yero da marigayi Samanja ke tashe a talabijin, tun kafin a yi fim ɗin Turmin Danya a 1990. A lokacin sha'awa ce ke kai mutum, kowa yana da aikinsa na albashi. Yanzu da furfura ta fito, uba ne ko mai unguwa, shi ke nan. Za a kira ka da safe, a tattara fitowarka duka a ɗauke a yini ɗaya, a ba ka abin da ya sawwaƙa. Sau da yawa sai ka isa lokeshan ake gaya maka abin da za ka faɗa. Lokacin da na fi samun aiki shi ne bayan 2007, da aka dakatar da ɗaukar fim a Kano, masu shiryawa suka yi ta zuwa Kaduna suna neman dattawan da ke kusa.

Uwar Biyu:
Baba ya faɗi gaskiya. Ranar da dattijuwar 'yar fim Ladin Cima ta gaya wa BBC Hausa a 2022 cewa dubu biyu zuwa biyar ake ba ta, wallahi sai da na yi hawaye, don na san wannan ambulan ɗin. Wasu manyan masana'antar sun fito sun musanta, kuma ni ma shaida ce akwai furodusoshi masu tsoron Allah da ke biya da mutunci, har su haɗa da kuɗin mota. Amma babu tsayayyen farashi, babu takarda, komai a baki ne. Atamfar da za ki sa taki ce, mayafi naki, wani lokaci har ta maƙwabciya kike arowa don kada a gan ki da kaya ɗaya a gida biyu.

Abin da ya fi min ciwo ma ba kuɗin ba ne. Na taɓa fitowa muguwar uwar miji, ya karɓe ni, daga nan duk wanda ya kira ni ita yake so. Na je biki wata tsohuwa ta ƙi amsa gaisuwata, wai ni ce mai raba aure. 'Yata ta sha gori a Islamiyya a kan wannan.

Tela Mai Gemu:
Anti, Allah ya ƙara haƙuri. Ni tawa ta ɗan bambanta. Na daɗe ina zaman ofisoshin masu shirya fim na Zoo Road a Kano ba wanda ya dube ni, sai da kasuwar faifai ta Ƙofar Wambai ta mutu aka koma finafinai masu dogon zango a Arewa24 da YouTube. Nan ƙaramin ɗan wasa ke samun suna, domin duk mako ana ganin fuskarka, har sunan fim ɗin ya danne naka na yanka. Amma ɗaure kai ne. Ba ka isa ka aske gemu ba sai an gama zango, kuma ran da marubuci ya ga dama ya tura ka ƙauye ko ya kashe ka, aiki ya ƙare. Keken ɗinkina ban taɓa sayar da shi ba, shi ke biyan kuɗin haya.

Ɗan Fagge:
To Yaya, ta ina zai fara?

Tela Mai Gemu:
Ya yi rajista da ƙungiyar 'yan wasa da Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano, kada ya ba kowa kuɗi don a sa shi a fim. Masu wannan damfarar suna da yawa, musamman a kan 'yan mata. In zai iya, ya koyi riƙe fitila ko ɗaukar sauti, su kullum ana nemansu.

Dattijon Tudun Wada:
Ka fara tura shi lokeshan ya yini a tsaye, daga hantsi har bayan isha'i, yana jiran a zo kan fitowar da ba ta wuce minti biyu ba. In ya dawo yana so, ka turo min shi. Wace sana'a yake yi yanzu?