Ta yaya za a tara kallon macijin da ke kashe mutum da ido?

Jama'a, ku taimaka min, na maƙale. Ina rubuta labari kan wani haramtaccen reshe na alkimiyya (tsohon ilimin neman mayar da ƙarafa zinariya) da ke aiki da kallon basilisk, macijin almarar Turai da aka ce duk wanda ya haɗa ido da shi ya mutu. Wani marubuci na ƙarni na 12 ya ce ana haɗa tokarsa da jinin mutum da jan ƙarfe a samu zinariya. Ni ba tokar nake so ba, ainihin kallon nake so ya zama sinadari.

Matsalar ita ce madubi yana mayar masa da kallon, nan take ya mutu. To ta yaya masanin labarina zai zuba kallon a kwalba, macijin na raye, shi ma yana raye? Na gwada sa makaho ya yi aikin, amma yaya zai san kwalbar ta cika? Wata uku ke nan babin ya tsaya cak.