Littattafan matan zamanin kaboyi, da wanne za mu fara?

Maman Iman: Salamu alaikum 'yan zaure, barkanmu da dare. Don Allah shawara nake nema, Iman ce ta matsa min wai tana son littafi a kan matan zamanin kaboyi na Amurka, babanta ne yake ba su labarin fina-finan da suke kallo a silima da can, sai ta ce ita kullum maza take ji da doki da bindiga, to matan ina suke. Aji huɗu take a sakandare kuma Turancinta ba laifi, ni ma so nake mu karanta tare.

Anti Hajjo: Wa alaikumus salam Maman Iman. Ki fara mata da na Laura Ingalls Wilder, su Little House on the Prairie na 1935, don yara aka rubuta su Turancin ba wuya. Amma ni wanda ya fi tsaya min a rai The Long Winter ne, labarin hunturun 1880 zuwa 1881 a garin De Smet na yankin Dakota, dusar ƙanƙara ta toshe hanyar jirgin ƙasa wata da watanni ba abin da ke shigowa garin, gawayi ya ƙare abinci ya ƙare, sai da ta kai suna murɗa busasshiyar ciyawa da hannu suna hura wuta da ita har hannu ya tsage, alkama kuma a 'yar na'urar niƙa kofi suke niƙa ta daga safe har dare don a samu burodin ranar. Wallahi uwar gidan nan jaruma ce.

Ummi: Anti ba Annie Oakley ce shahararriyar ba? ita na fi ji ana faɗa

Malam: Ummi, Annie Oakley gwanar harbi ce ba musu, amma 'yar Ohio ce, can aka haife ta a 1860, ba ta taɓa zama makiyayiya a yammacin Amurka ba. Wasan nuna bajinta na Buffalo Bill da ta shiga a 1885 shi ya fito da ita har Turai. In tarihinta kike so akwai na Glenda Riley. Ita kuwa Calamity Jane, wata da ta yi suna a yammacin Amurka a zamanin, yawancin abin da ake faɗa a kanta ƙari ne, har da wanda ita kanta ta ƙara.

Yaya Sadiya: To ni dai in za a bi tawa a bar masu bindigar nan tukuna. Maman Iman ki nemi Letters of a Woman Homesteader na Elinore Pruitt Stewart, 1914 ya fito. Ba ƙagaggen labari ba ne, wasiƙu ne take rubuta wa tsohuwar uwar ɗakinta. Bazawara ce da 'yarta ƙarama tana wankau a birnin Denver, a 1909 ta tattara ta tafi Wyoming aikin gida wurin wani mai garken shanu don kawai ta samu filinta na kanta, saboda akwai doka ta 1862 da ta ce duk wanda ya kai shekara 21 zai iya karɓar eka 160 in ya zauna a kai shekara 5 yana aikinsa, kuma har mace marar aure ko wadda mijinta ya rasu dokar ta haɗa da ita. Daga baya ta auri mai garken. Abin da nake so da ita ba ta kuka da wahala, tana yankan ciyawa da injin da doki ke ja, tana tatsar shanu, ta shuka dankali, kuma tana ta kiran matan birni masu wankau irinta su fito su nemi fili.

Maman Iman: Kai wannan ya yi min wallahi. Ana samunsa a ina Yaya?

Yaya Sadiya: Kyauta ne a shafin intanet na Project Gutenberg, tsohon littafi ne, ki sauke a waya kawai. Na Willa Cather ma suna can, O Pioneers! na 1913 da My Ántonia na 1918, duka a Nebraska. Na farkon yarinya ce 'yar baƙin haure daga Suwidin da uban ya bar wa ragamar gona yana gab da rasuwa alhali ga 'yan'uwanta maza, ita ta hana a sayar da gonar lokacin da maƙwabta ke gudu saboda fari. Sai dai akwai zancen soyayya da matar aure da kisa a ƙarshensa, ki fara karantawa ke kaɗai kafin ki ba ta.

Hajiya Babba: Ku bari in sa baki 'ya'yana. Wanda ya sa ni hawaye Women's Diaries of the Westward Journey ne na Lillian Schlissel, 1982. Ta tattaro abin da matan da kansu suka rubuta a hanya, tafiyar kusan mil 2,000 zuwa Oregon a amalanken shanu mai rumfa, wata 4 zuwa 6 ana tafe. Mazan hankalinsu na kan ciyawa da ruwa da nisan da aka ci, matan kuwa da yawansu kaburbura suke ƙirgawa a bakin hanya, yau mun wuce kaza gobe kaza, don kwalara ta kashe mutane sosai. Ba itace a filin, kashin ɓauna busasshe suke tsinta su yi girki. Kuma yawancinsu ba su suka zaɓi tafiyar ba, miji ne ya yanke, aka bar uwa da dangi ba a sake ganin juna. Akwai wata Amelia Stewart Knight da ta taso daga Iowa a 1853 da 'ya'ya 7, duk tsawon rubutunta ba ta taɓa cewa tana da juna biyu ba, sai a ƙarshe kawai ki ga ta ce an haifi na takwas. Irin kawaicin iyayenmu mata sak, ciki har ya tsufa ba a kama sunansa.

Anti Hajjo: Allah sarki. Hajiya wannan ban san shi ba, zan nema insha Allah

Ummi: to ba wadda ta yi kiwon da gaske kenan? ni kaboyin mata nake so in ji

Malam: Akwai mana. No Life for a Lady na Agnes Morley Cleaveland, 1941, a garken shanu na New Mexico ta tashi bayan rasuwar mahaifinsu, tana kora shanu tare da ƙaninta da sauran maza, aiki ɗaya suke yi. Sai Cowgirls na Teresa Jordan, shi hira ce da matan garke da na wasan doki, da bakinsu suke magana. Amma Anti Hajjo ki yi haƙuri zan ɗan taɓa Little House. Filin da iyalin Laura suka kafa gida a Kansas ƙasar mutanen Osage ce, wata ƙabila ta 'yan asalin Amurka, ba fili ne da ba mai shi ba, kuma yadda littafin ya kwatanta 'yan asalin ƙasar akwai raini a ciki, shi ya sa a 2018 ƙungiyar ma'aikatan laburare ta Amurka ta cire sunanta daga wata lambar yabo ta littattafan yara. Eka 160 ɗin da Yaya Sadiya ta ambata ma daga hannun wasu aka ƙwace.

Anti Hajjo: Gaskiya ne Malam ban musa ba, wuraren nan suna nan kuma ba daɗin karantawa. Amma ni ban ga dalilin hana yarinya ba, a zauna da ita a nuna mata, ai ta kai ta gane.

Malam: Ban ce a hana ba Anti, cewa na yi a haɗa mata da na ɗaya ɓangaren. Sarah Winnemucca 'yar ƙabilar Paiute ta rubuta Life Among the Piutes tun 1883, ta faɗi yadda tana ƙarama, ranar da aka ce ga fararen fata nan tafe uwarta ta binne ta a ƙasa har wuya ta rufe kanta da ganye don kada a gan ta, haka ta wuni a rana. In ya yi wa Iman nauyi akwai The Birchbark House na Louise Erdrich, na yara ne, yarinya 'yar Ojibwe.

Hajiya Babba: Kuma kar a manta da baƙaƙen mata. Mary Fields a bauta aka haife ta, ta haura 60 lokacin da ta fara kai wasiƙu da keken doki a Montana a 1895, ƙanƙara ko ba ƙanƙara sai ta kai. Wanda ya san littafi mai kyau a kanta ya taimaka mana da suna.

Maman Iman: Na gode ƙwarai Allah ya saka da alheri. Na sauke na Elinore yanzun nan, da shi za mu fara, sai The Long Winter da na Erdrich a jere yadda Malam ya ce. Hajiya na Schlissel ɗin na takarda ne da ke? in kin gama ki ara min don Allah, Iman za ta zo ta karɓa ranar Asabar.

Hajiya Babba: Na takarda ne, bangon ya ɗan saki ta riƙe shi da kyau. Ta zo bayan la'asar ina gida.