Mun sasanta da maigidana, amma shari'ar tana nan a kotu

Assalamu alaikum 'yan uwa. Admin a ɓoye sunana don Allah. A Tudun Wada nake, jihar Kaduna. Kafin azumi muka samu saɓani da maigidana har ya ɗaga min hannu, na ji ciwo a ido. Yayana ya kai ni wajen 'yan sanda, daga can maganar ta tafi kotun majistare, aka ba da shi beli. Yanzu manya sun shiga tsakani, waliyyina da kawunsa sun zauna, ya ba da haƙuri, ya biya kuɗin asibiti, na koma ɗakina. Da na gaya wa ɗan sanda mai gabatar da ƙara cewa na yafe, sai ya ce maganar ta bar hannuna. Dangin miji kuma sun sa ni gaba, wai ni na ƙi janyewa. Idan na daina zuwa kawai, shari'ar za ta mutu?

Baban Khalifa: Ki yi zamanki a gida, 'yar uwa. In babu mai ƙara ai babu shari'a.

Barista, Unguwar Rimi: Malam, wannan shawarar za ta jefa su cikin wahala. Baiwar Allah, ki duba takardar kotun. Tunda 'yan sanda suka kai, sunan Kwamishinan 'Yan Sanda za ki gani a matsayin mai ƙara, ke shaida ce. In kin ƙi zuwa, a yi ta ɗage zama, ana iya aiko miki da sammaci, kuma ko an kori ƙarar don rashin shaida, ana iya dawo da ita. Maigidanki kuwa in ya tsallake zama, alƙali na iya ba da umarnin kamo shi, wanda ya tsaya masa beli ma ya shiga ciki.

Ku je ranar zaman ku biyu da waliyyinki. Ki shaida wa alƙali da bakinki kun sasanta, ki miƙa takardar sulhun. Ƙaramin rauni yana cikin laifukan da doka ta yarda a sasanta, amma sai kotu ta gamsu ba tilasta ki aka yi ba. In tuhumar mummunan rauni ce, ko an shigar da ita ƙarƙashin dokar hana cin zarafi ta jihar Kaduna ta 2018, yafewarki kaɗai ba lallai ta wadatar ba. Nan sai lauya ya rubuta wa Antoni Janar na jiha, don sashe na 211 na tsarin mulkin 1999 ya ba shi ikon dakatar da shari'ar laifi kafin hukunci.

Hajiya Inna: 'Yata, sulhu alheri ne, amma maganar "sun sa ni gaba" ta tsaya min a rai. Ke kika yafe, ko an yafe miki da bakinki? Kuma wannan ne na farko? Kada ki sa hannu a komai sai an rubuta sharuɗɗa: ba zai sake taɓa ki ba, in ya sake ga abin da za a yi, shaidu daga ɓangarenki da nasa su sa hannu. Ki ajiye takardar asibitin a gidanku, ba a ɗakinki ba.

Maman Ilham: In babu kuɗin lauya, ki nemi ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA, suna da reshe a Kaduna. Ki gana da su ke kaɗai, ba da rakiyar dangin miji ba.

Mai tambaya: Na gode ƙwarai. Hajiya, wallahi ni na yafe saboda yarana, amma ba a rubuta komai ba, baki da baki aka yi. Zan sa Yaya ya kira kawun nasa a sake zama kafin ranar kotu. Barista, takardar sulhun da Hausa za ta karɓu, ko dole sai da Turanci?

Barista, Unguwar Rimi: Ku rubuta da Hausa yadda kowa zai fahimci abin da ya sa wa hannu, lauya ya haɗa da fassarar Turanci don fayil ɗin kotu. Ki riƙe kwafi ɗaya a hannunki.